El Ouafi, leburan Renault da ya riga Abebe Bikila cin zinare da shekara 32

"Assalamu alaikum Koci, barka da aiki. Ni ɗan Damagaram ne, shekara biyu ke nan ina gudun dogon zango. Mun yi gardama da wani abokina. Ni na ce Abebe Bikila na Habasha shi ne ɗan Afirka na farko da ya ci zinare a gudun fanfalaki na Olamfik, shi kuma ya ce sam, wani Balaraben Aljeriya ya riga shi tun 1928, kuma wai a talauce ya mutu. Wane ne wannan mutum? In gaskiya ne, me ya sa ba a ambatonsa, kuma ta yaya wanda ya ci zinare zai ƙare a haka?"

Wa alaikumus salam, ƙanena. Abokinka ya fi ka gaskiya a wannan karon, amma kai ma ba ka tashi a tutar babu ba. Abin da kake son sani shi ne ko an yi wannan mutum, yaya ya ci, kuma me ya cinye shi bayan ya ci. Na ji daɗin tambayar ƙwarai, domin labarinsa yana cikin waɗanda nake ba yarana idan mun zauna hutawa bayan gudun asuba.

Bari mu fara raba gardamar. Mutumin sunansa Ahmed Boughéra El Ouafi, a bakin Larabawa Al-Wafi. Ya ci gudun fanfalaki na Olamfik, wato tseren kilomita 42, a birnin Amsterdam ranar 5 ga Agusta, 1928, kuma shi ne haifaffen Afirka na farko da ya yi haka. Sai dai da rigar Faransa ya yi gudun, don haka a littafin gasar, zinaren na Faransa ne. Kafin shi, a 1912, Ken McArthur ya ci wa Afirka ta Kudu, amma shi Bature ne haifaffen Ireland da ya yi ƙaura can ya zama ɗan sanda. Shi kuwa Bikila, da ya ci a Roma a 1960 ba takalmi a ƙafarsa, shi ne baƙar fatar Afirka na farko da ya ɗauki zinaren da sunan ƙasarsa, aka ɗaga tutarta, aka buga takenta. Nan ne gaskiyarka take.

Daga gonar dabino zuwa masana'antar mota

An haife shi ranar 15 ga Oktoba, 1898, a Ouled Djellal, garin dabino a bakin Sahara, kusa da Biskra. Aljeriya a lokacin tana hannun Faransa, kuma Musulmin ƙasar talakawan Faransa ne kawai, ba 'yan ƙasa masu cikakken haƙƙi ba. Kai da kake Damagaram ba sai an yi maka dogon bayani ba. Irin dokar da ta ba kwamandan Nasara ikon ɗaure kakanninka ba shari'a, ita ce a kan iyayen El Ouafi. Kamar samari da yawa na ƙasashen da Faransa ta mallaka, soja ya shiga. A bariki wani hafsa ya lura cewa wannan siririn yaro ba ya gajiya in ana gudu, aka tura shi Paris a 1923 ya shiga tseren sojoji. Daga nan ƙofa ta buɗe.

A 1924 ya zama zakaran Faransa a gudun fanfalaki, aka sa shi cikin masu wakiltar ƙasar a Olamfik ɗin Paris. An yi tseren ranar 13 ga Yuli. Mutum 58 suka tashi, 30 kaɗai suka kai ƙarshe. Albin Stenroos na Finland ya ci, El Ouafi ya zo na bakwai da awa 2 da minti 54 da daƙiƙa 19.

Bayan ya bar soja sai ya kama aikin leburanci a masana'antar motoci ta Renault da ke Billancourt a gefen Paris, ya shiga kulob ɗin wasanni na unguwar, inda wani tsohon mai gudu, Louis Corlet, ya riƙa horar da shi. A nan nake son ka tsaya ka duba lissafi. A Paris a 1924 kowace kilomita ta ci masa kimanin minti 4 da daƙiƙa 8. A Amsterdam bayan shekara huɗu ya gama cikin awa 2 da minti 32 da daƙiƙa 57, wato kimanin minti 3 da daƙiƙa 37 kowace kilomita. Ya zaftare fiye da minti 21. Ko an cire rabon zafin Paris da tuddan hanyarta, ragowar ba ta samuwa sai da horo na shekaru, kuma mutumin da ya yi wannan horon yini yake a tsaye gaban inji. Ina da yara irinsa. Akwai wanda ke koyon kanikanci, wanda sai ya yi kilomita 18 kafin gari ya waye sannan ya tafi gareji ya kwanta ƙarƙashin mota har la'asar. Na san yadda ƙafar irin wannan yaro take yi ran Alhamis: ta yi nauyi, idon sawu ya kumbura, in ka taɓa sharaɓarsa ka ji ta kamar icce. Duk wanda ya ce maka El Ouafi baiwa ce kawai ta 'yan hamada, bai taɓa haɗa aikin ƙarfi da dogon gudu ba.

Yadda ya ci a Amsterdam

Mutum 69 suka tashi daga filin wasa, suka bi gefen kogin Amstel suka juyo. Ba wanda ya sa El Ouafi a lissafi. Idon jama'a yana kan 'yan Finland, waɗanda a zamanin su ne sarakunan dogon gudu kamar yadda 'yan Kenya da Habasha suke yau, sai Ba'amurke Joie Ray, sai 'yan Japan biyu, Kanematsu Yamada da Seiichiro Tsuda. Waɗannan su suka riƙa karɓe-karɓen gaba. Shi kuwa mai lamba 71, da hoton zakara, tambarin Faransa, a ƙirjin rigarsa, yana can baya yana tafiyarsa. Kashi uku cikin huɗu na tseren ya yi shi ne yana kallon bayan mutane. Yana tsintar su ɗaya bayan ɗaya, har saura kamar kilomita biyar ya wuce na gaba, kuma ba wanda ya sake ganin fuskarsa sai a cikin fili. Wanda ya zo na biyu, Manuel Plaza na Chile, shi ma daga baya ya taso, ya shigo daƙiƙa 26 bayansa. Martti Marttelin na Finland ya zo na uku. Yamada da Ray, waɗanda suka sha iskar gaba, suka ƙare na huɗu da na biyar.

Ka lura: na ɗaya da na biyu duk daga baya suka zo. Wannan ba sa'a ba ce, yadda jikin ɗan Adam yake aiki ne. Jiki yana ajiye sukari a tsoka da hanta, kuma ajiyar ba ta da yawa. Ga mai gudu da ƙarfi, takan kai shi wajen kilomita 30 zuwa 35. Akwai kuma kitse, wanda yake da yawa amma a hankali yake ba da ƙarfi. Gwargwadon saurinka, gwargwadon yadda jiki yake barin kitse ya koma cin sukari. Wanda ya ƙara sauri da daƙiƙa biyar ko goma a kowace kilomita a farkon tsere don kada a bar shi a baya, bashi yake ci, kuma a kilomita 35 mai bashin yake tare shi. A gudun fanfalaki ba a sanin maci tuwo sai miya ta ƙare.

Na ga wannan da idona har na daina ƙirgawa. Wanda ya fi tsaya mini a rai wani yarona ne da na kai tseren rabin zango, kilomita 21. Tun da dare na ce masa ya riƙe minti 3 da daƙiƙa 25, kada ya ƙara ko da wa ya wuce shi. Aka busa usur, ya ga manya sun fita kamar an kunna musu wuta, zuciya ta ɗebe shi ya bi su. Kilomitar farko ya yi ta a minti 3 da daƙiƙa 5. Ina kan babur ina ɗaga masa hannu, ko kallona bai yi ba. A kilomita 16 na same shi zaune a bakin kwalbati, gishirin gumi ya yi masa fari a goshi da gefen hanci, hannuwansa na rawa har ya kasa buɗe ledar ruwa. Abokinsa da ya fi shi rauni a horo, wanda ya bi lissafi, ya wuce mu yana tafiyarsa daidai. Abin da ya fi wuya in koya wa yaro ba sauri ba ne, haƙurin kallon bayan wani ne na awa guda ba tare da zuciya ta karaya ba. El Ouafi ya yi wannan haƙurin kusan awa biyu, a gasar da ta fi kowace girma, ba agogo mai ƙirga masa taki a hannu, ba ruwan sukari a leda, da takalmi mai siririn ƙasa. Don haka in ka ga an rubuta cewa Kelvin Kiptum na Kenya ya yi awa 2 da daƙiƙa 35 a Chicago a 2023, kada ka raina awa 2 da minti 32 na 1928. Ba hanya ɗaya suka bi ba, ba kaya ɗaya suka sa ba, kuma ɗayansu da Litinin zai koma bakin inji.

Zinarensa shi ne kaɗai Faransa ta samu a guje-guje da tsalle-tsalle a wannan gasa.

Dokar da ta karya shi

Yanzu ga amsar sashen tambayarka da ya fi ciwo. A wancan zamani dokar Olamfik da ta hukumomin guje-guje ita ce ɗan wasa ya yi wasa don sha'awa kawai. In ka karɓi ko sisi saboda gudu, ka zama ɗan sana'a, an kore ka daga gasa har abada. Dokar ta fito ne daga masu hali na Ingila, 'ya'yan manya da ke wasa a jami'a, waɗanda ba su taɓa tunanin kuɗin haya ba. A takarda ta hau kan kowa daidai. A zahiri kuwa, mai gado ba ta taɓa shi, lebura take kamawa.

El Ouafi ya dawo Paris da zinare a aljihu, albashinsa na nan yadda ya bar shi. Sai masu shirya wasannin kuɗi na Amurka suka zo da tayi. Hanyar ba sabuwa ba ce. Dorando Pietri, Ba'italiyen da ya yi ta faɗuwa a ƙarshen tseren Landan na 1908 har aka tallafe shi ya ƙetare layi aka kuma soke nasararsa, ita ya bi, ya je New York ya yi ta tseren kuɗi. El Ouafi ya amsa. A watan Oktoba na 1928 ya kara da Joie Ray a zauren Madison Square Garden, suna zagaye ɗan ƙaramin fili a cikin gini, 'yan kallo sun biya kuɗin ƙofa, ya sake kayar da shi. Ya yi 'yan watanni yana irin wannan. Da ya koma Faransa, hukumar guje-guje ta ƙasar ta rufe masa ƙofa. Yana da shekara 30, shekarun da mai gudun fanfalaki yake kan ganiyarsa, aka ce ya gama.

Mutane kan tambaye ni ko kuskure ya yi. Ni ban ga kuskure ba. Ka auna abin da ke gabansa. In ya ƙi tayin, zai koma Renault ya jira 1932, ya yi fatan ƙafa ba ta lalace ba, ya yi fatan an sake zaɓensa, kuma ko ya sake ci, wani ƙarfen za a rataya masa a sallame shi. In ya karɓa, zai riƙe kuɗin da leburanci ba zai taɓa tara masa ba. Wane uba ne a cikinmu zai ce wa ɗansa ya zaɓi na farko? Inda abin ya lalace shi ne bayan an samu kuɗin. Ya zuba su a wani gidan shan gahawa a Paris tare da abokin kasuwanci, abokin ya cuce shi, jari ya narke. Aka yi ba tsuntsu ba tarko: gudu ya haramta, kuɗi sun tafi. Ya koma aikin hannu a masana'anta, daga nan sunansa ya ɓace daga jaridu.

Sai a farkon shekarun 1980 hukumar guje-guje ta duniya ta fara yarda 'yan wasa su amfana da kuɗin gudunsu. Amma kada ka ɗauka ciwon ya warke a wajenmu. Yau doka ba ta hana yaro karɓar kuɗi, sai dai kuɗin su ƙi zuwa. Na taɓa yin wata bakwai ina bin kyautar wani yarona da ya zo na biyu a wani tsere. An ɗauki hotonsa riƙe da ƙaton kwali mai siffar cak, an buga a jarida, kwalin yana jingine a ɗakinsa, shi kuwa yana cin bashin kuɗin mota zuwa wurin horo. Kuma in kuɗin sun zo, sai ka ga 'yan'uwa da abokan da ba a taɓa gani a bakin titi da asuba ba sun fito da shawarar kasuwanci. Shi ya sa duk yaron da ya ci wani abin kirki a hannuna, nakan zaunar da shi tare da mahaifinsa kafin a taɓa ko kwabo, kuma ba na yarda ya saki sana'ar hannunsa.

Me ya sa aka manta da shi

Dokar sha'awa ba shi kaɗai ta kama ba, kuma a nan ne ake gane cewa akwai wani abu bayan doka. Jim Thorpe na Amurka an ƙwace masa zinarensa na 1912. Paavo Nurmi na Finland an hana shi gudu a Olamfik ɗin 1932. A Faransa kanta, Jules Ladoumègue, wanda ya ci azurfa a mita 1500 a gasar Amsterdam ɗin nan, an kore shi a 1932 kan zargin karɓar kuɗi. To amma dubi bambanci. A 1935 dubun dubatar mutanen Paris suka cika babban titin Champs-Élysées suna yi wa Ladoumègue tafi yana gudu a tsakiyarsu, don su nuna wa hukuma ba su yarda ba. Mai azurfa ke nan. Mai zinare kuwa, a gari ɗaya yake, ba wanda ya fito dominsa.

A ganina dalilin a fili yake. Ana tuna ɗan wasa ne in akwai jama'ar da ke cewa namu ne. Faransa ta ƙirga zinaren a nata, amma ba ta ƙirga mutumin a cikin 'ya'yanta ba: kura da shan bugu, gardi da karɓar kuɗi. Aljeriya kuwa ba ta zama ƙasa mai kanta ba sai 1962, ba ta fara zuwa Olamfik da tutarta ba sai 1964, kuma ƙasar da ta fito daga yaƙin shekara kusan takwas da Faransa ba za ta yi saurin rungumar wanda ya yi gudu da zakaran Faransa a ƙirji ba. Bikila ya ci nasa a 1960, shekarar da Nijar da Najeriya da ƙasashen Afirka da dama suka karɓi mulkin kai, ga rediyo, ga hotuna, ga nahiya guda tana neman gwarzo. Ya koma gida Sarki Haile Selassie ya karɓe shi. El Ouafi ba shi da gidan da zai koma a yi masa wannan tarba.

Sau ɗaya aka tuna da shi yana raye. Ranar 1 ga Disamba, 1956, wani haifaffen Aljeriya, Alain Mimoun, ya ci wa Faransa gudun fanfalaki a Melbourne cikin awa 2 da minti 25. Shi ma tsohon soja ne, an ji masa mummunan rauni a ƙafa a yaƙin Monte Cassino da ke Italiya a 1944, kuma ya sha zuwa na biyu a bayan Emil Zátopek, shahararren mai gudu na Czechoslovakia, kafin ranarsa ta zo. Sai 'yan jarida suka tuna ai an taɓa yin haka shekara 28 da suka wuce. Aka nemo El Ouafi, aka same shi dattijo mai shekara 58 cikin talauci a gefen Paris. Jaridar wasanni ta L'Équipe ta buɗe masa asusun taimako, Mimoun kuma ya sa aka gayyace shi liyafar da aka yi a fadar shugaban ƙasa. Wannan hali na Mimoun yana burge ni fiye da zinarensa, domin a ranar da duniya take kallonsa ya juya ya nuna wanda ya riga shi.

Bai yi shekara uku bayan haka ba. Ranar 18 ga Oktoba, 1959, kwana uku bayan ya cika 61, aka harbe shi a Saint-Denis, arewa da Paris. Lokacin yaƙin Aljeriya ya tsallako cikin unguwannin 'yan ci-rani a Faransa, ana kashe-kashe tsakanin ƙungiyoyi. Riwaya biyu ake yi: wasu sun ɗora kisan a kan 'yan ƙungiyar FLN mai yaƙin neman 'yanci, wasu sun ce rikicin dangi ne ya rutsa da shi. Ni aikina agogo da titi ne, a kan gudunsa nake iya tsayawa in yi magana da ƙarfi, hukuncin wannan kisa kuwa na masu binciken tarihi ne, don haka na ba ka riwayoyin biyu yadda suke. An binne shi a maƙabartar Musulmi ta Bobigny. Allah Ya jiƙansa.

Yau akwai titi mai sunansa a Saint-Denis, dab da babban filin wasa na Stade de France, inda aka yi guje-gujen Olamfik na 2024. Ka gaya wa abokinka ya ci gardama. Kai kuma tunda shekara biyu kawai ka yi, kada ka yi gaggawar shiga kilomita 42, ka ƙara shekara guda a kan 10 da 21. Ran da za ka yi dogon gudu na gaba, ka raba shi biyu, ka riƙe agogo, ka yi ƙoƙarin rabin ƙarshe ya fi na farko sauri ko da daƙiƙa 30 ne, sannan ka rubuto mini lokutan biyu in gani.